Rana Ɗaya a Babban Fili: 'Yan Wasan Besbol da Suka Leƙa Suka Koma

Tun daga shekarun 1870 zuwa yau, sama da mutum 20,000 ne suka taɓa buga wasa a babbar gasar besbol ta Amurka, wadda aka fi sani da MLB. A cikinsu akwai kusan 1,000 waɗanda wasa ɗaya tak suka buga, daga nan ba a ƙara jin ɗuriyarsu a wannan mataki ba. Wani ya riƙe gora sau ɗaya. Wani bai ma kai ga riƙe ta ba. Wani kuwa sunansa kawai aka shelanta a lasifika, shi ke nan. Labarin irin waɗannan mutane na tattaro, domin a ganina sun fi manyan taurari nuna wahalar hawa wannan tsani, kuma babu ko ɗaya a cikinsu da ya cancanci a kira shi kasasshe.

Ga wanda bai saba da wasan ba, ga yadda yake a taƙaice. Ƙungiyoyi biyu ne, kowace da mutum tara. Mai jifa yana tsayawa a kan wani ɗan tudu ya wurgo ƙwallo, mai bugu kuma yana jiran ta da gora. In ya buge ta, sai ya sheƙa da gudu zuwa tasha ta farko. Tashoshin huɗu ne, duk wanda ya zagaye su ya dawo inda ya tashi ya ci wa ƙungiyarsa maki ɗaya. In ya kuskure jifa uku masu kyau, an fitar da shi. In kuwa mai jifan ne ya kauce wa saiti sau huɗu, mai bugu zai wuce tasha ta farko kyauta. Da zarar an fitar da mutum uku, sai ƙungiyoyin su yi musayar wuri, a haka har a yi zagaye tara.

Manyan ƙungiyoyin 30 ne, 29 a Amurka, ɗaya a Toronto ta Kanada, kowace da 'yan wasa 26. Gurbi 780 ke nan kacal. A ƙarƙashinsu akwai ƙananan ƙungiyoyi 120 a matakai huɗu, inda dubban matasa ke kwana a cikin motar safa daga wannan gari zuwa wancan, kowa yana jiran ranar da za a kira shi sama.

Likitan da layi bai zo kansa ba

Wanda ya fi kowa suna a wannan rukuni shi ne Archibald Graham, mai laƙabin Moonlight. Ranar 29 ga Yuni, 1905, ƙungiyar New York Giants ta je Brooklyn tana cin wasa da rata mai yawa, sai a zagaye na takwas aka tura Graham ya tsare gefen dama na fili. A zagaye na tara yana tsaye da gora a hannu, saura ƙiris layi ya zo kansa, sai aka fitar da Claude Elliott da ke gabansa, wanda shi ne mutum na uku. Aka tashi 11 da 1. Ƙwallo ko ɗaya ba ta nufo inda yake ba, bai kuma samu damar bugu ba. Ba a ƙara saka shi ba.

A wannan shekarar ce ya kammala karatun likita a Jami'ar Maryland. Bayan ya ƙara 'yan shekaru a ƙananan ƙungiyoyi, ya tare a Chisholm, wani ƙaramin gari na masu haƙar tama a jihar Minnesota, ya yi kimanin shekara 50 yana duba marasa lafiya, galibi a matsayin likitan makarantun garin. Yakan sa a aiko masa da tabarau waɗanda masu su suka daina sakawa, ranar Asabar ya tara 'ya'yan leburorin ma'adinai, ya gwada idanunsu, ya ba su kyauta. Shekara da shekaru yana auna ƙarfin bugun jinin yara yana rubutawa, har aka buga sakamakon binciken a 1945. Ya mutu a 1965. Ɗan'uwansa Frank Porter Graham ya shugabanci Jami'ar North Carolina, ya kuma yi sanata, amma yau likitan ƙauyen aka fi sani.

Da ba don wani marubuci ɗan Kanada mai suna W. P. Kinsella ba, da labarin a Chisholm zai tsaya. Yana duba kundin tarihin 'yan wasa ya ci karo da layin Graham: wasa ɗaya, sauran gurabe duk babu komai. Ya saka shi a littafinsa Shoeless Joe na 1982, wanda aka mayar fim mai suna Field of Dreams a 1989, inda Burt Lancaster ya fito a matsayin tsohon likitan. Masu fim sun matsar da wasan zuwa 1922, amma alherin mutumin ba ƙirƙira ba ne, mutanen garin ne suka ba da shaida.

Mafi kyawun rana, da mafi muni

John Paciorek yana da shekara 18 lokacin da Houston Colt .45s ta saka shi a wasan ƙarshe na kakar 1963, ranar 29 ga Satumba, da New York Mets. Sau biyar ya tsaya bugu, sau biyar ya kai tasha: bugu uku masu kyau, wucewa kyauta biyu. Shi da kansa ya ci maki huɗu, bugunsa ya shigo da wasu uku, Houston ta ci 13 da 4. Kowa ya ce an samu tauraro. Ashe ciwon baya na cin sa a ɓoye. Aka yi masa tiyata a ƙashin baya a 1964, daga nan bai sake hawowa ba. Ya zama malamin motsa jiki a wata makaranta a California. Har yau, a cikin duk waɗanda ba a taɓa fitarwa ba ko sau ɗaya a tarihin gasar, babu wanda ya kai shi yawan bugu. Ƙanensa Tom ya yi kaka 18 a babbar gasa, wani ƙanen, Jim, shi ma ya leƙa a 1987.

Ron Wright kuwa akasin haka ya gani. Ranar 14 ga Afrilu, 2002, ya buga wa Seattle Mariners wasansa ɗaya tilo. Tsayuwar farko, aka fitar da shi da jifa uku. Ta biyu, bugunsa ya jawo aka fitar da mutum uku a lokaci guda, abin da sau ƙalilan ake gani a kaka ɗaya. Ta uku, aka fitar da biyu. Tsayuwa uku, mutum shida a waje. Ya koma makaranta ya zama masanin haɗa magunguna. Ina ganin mutum irinsa, wanda shi ma ya sha shekaru yana fama da ciwon baya har ya kai wannan fili, ranar ba za ta zama abin kunya gare shi ba, ko yaya ta ƙare.

Larry Yount ko jifa ɗaya bai yi ba. Ranar 15 ga Satumba, 1971, Houston Astros ta kira shi ya karɓi jifa a zagaye na tara da Atlanta Braves. An shelanta sunansa, ya hau tudu yana ɗumama hannu, sai gwiwar hannunsa ta ɗauki zafi. Ya sauka kafin ya fuskanci kowa. Tun da an riga an shelanta shi, doka ta ƙirga masa wasa ɗaya. Ƙanensa Robin Yount ya yi kaka 20 a Milwaukee Brewers, ya yi bugu 3,142, yana cikin zauren gwarazan wasan da ke Cooperstown. Gida ɗaya suka fito.

Akwai ma waɗanda ko wannan layi ɗaya ba su samu ba. Brian Mazone, mai jifa da hagu, an kira shi Philadelphia don ya fara wasa ranar 5 ga Satumba, 2006, bayan shekaru yana yawo a ƙananan ƙungiyoyi. Ruwan sama ya tsuge, aka ɗage wasan, aka mayar da shi ƙasa, kuma kiran bai sake zuwa ba. Mark Kiger na Oakland kuma sunansa ba ya cikin kowane wasa na tsakiyar kaka: a wasannin kusa da na ƙarshe na 2006 kaɗai aka saka shi sau biyu yana tsaron fili.

Jifan farko

A duk cikin waɗannan, labarin Adam Greenberg ne ya fi taɓa zuciya. Ranar 9 ga Yuli, 2005, Chicago Cubs na wasa da Florida Marlins, aka tura shi bugu a zagaye na tara. Yana da shekara 24, iyayensa na cikin 'yan kallo. Jifan farko da ya taɓa fuskanta a babbar gasa, daga hannun Valerio de los Santos, mai gudun kusan kilomita 148 a awa, ya same shi a ƙeya, ƙarƙashin hular kwano. Ya faɗi riƙe da kai. Daga ranar ya shiga fama da jiri da ciwon kai da matsalar gani, har sunkuyawa ya ɗaura takalmi ya zama aiki. Bai yarda ya daina ba. Ya gangara ƙananan ƙungiyoyi, ya gangara har gasar da ba ta da alaƙa da manyan ƙungiyoyi, inda a 2011 ya sake haɗuwa da de los Santos ɗin nan, ya buge ƙwallonsa ya kai tasha.

A ƙa'idar lissafin wasan, wanda jifa ya sama ba a ƙirga masa wannan tsayuwar a matsayin cikakkiyar damar bugu. Wannan ne ya sa wani mai shirya fim, Matt Liston, ya fara gangamin neman a ba Greenberg dama ɗaya, mutum sama da 20,000 suka sa hannu. Marlins ɗin da jifan ya fito daga wajenta ita ta amsa, ta ba shi kwantiragin kwana ɗaya. Ranar 2 ga Oktoba, 2012, bayan shekara bakwai, ya fito gaban R. A. Dickey na Mets, wanda shi ya lashe kyautar gwarzon mai jifa na rukuninsu a wannan shekarar. Dickey bai sassauta masa ba, kuma haka ya dace: jifa uku ya fitar da shi. Filin gaba ɗaya ya miƙe tsaye ana tafi. Albashin wannan rana ya bayar da shi don binciken raunin ƙwaƙwalwa. Wanda aka gayyato ya yi jifan buɗe wasa a ranar shi ne Fred Van Dusen, wanda shi ma a 1955, a tsayuwarsa ɗaya tilo wa Philadelphia Phillies, ƙwallo ce ta same shi.

Wasu kuma ta wata hanya daban suka shigo. Eddie Gaedel wada ne mai tsayin santimita 109. Mai ƙungiyar St. Louis Browns, Bill Veeck, mutum ne mai neman duk abin da zai jawo 'yan kallo, shi ya ba shi kwantiragi a asirce, ya tura shi bugu ranar 19 ga Agusta, 1951, sanye da riga mai lamba 1/8. Alƙalin wasa ya nemi takarda, aka nuna masa. Saboda ƙanƙantar jikinsa, wurin da jifa zai bi ya zama mai kyau ya tsuke ƙwarai, Bob Cain na Detroit ya yi jifa huɗu duk suka bi ta sama, Gaedel ya wuce tasha ta farko aka canza shi. Ba a jima ba shugaban rukunin gasar da ƙungiyar ke ciki, Will Harridge, ya soke kwantiragin. Mutane sun daɗe suna ba da wannan labari don dariya, ni kuwa ƙarshensa nake dubawa: Gaedel ya mutu a Chicago a 1961 yana da shekara 36, kuma daga duk duniyar besbol mutum ɗaya ne ya halarci jana'izarsa, Bob Cain, wanda ya yi masa jifan nan huɗu.

Shi kuwa Allan Travers yajin aiki ne ya kai shi. A watan Mayun 1912 aka dakatar da Ty Cobb na Detroit Tigers saboda ya haura cikin 'yan kallo ya doki wani mai zaginsa a New York. Abokan wasansa suka ce ba za su buga ba sai da shi. Don gudun tarar dala 5,000, ƙungiyar ta tsinto matasa a Philadelphia ta saka musu riga. Travers, ɗalibi ɗan shekara 20 a kwalejin St. Joseph's, shi ya karɓi jifa ranar 18 ga Mayu gaban Philadelphia Athletics, zakarun duniya na lokacin. Ya yi wasan daga farko har ƙarshe, aka ci su 24 da 2. Tun daga ranar ba a sake cin wani mai jifa maki 24 a wasa ɗaya ba. Daga baya ya zama limamin cocin Katolika kuma malamin makaranta.

Waɗanda yaƙi ya ratsa ta kansu

Bert Shepard matuƙin jirgin yaƙi ne, aka harbo shi a Jamus a watan Mayun 1944. Manoman wurin suka yo kansa, wani likitan soja ɗan Ostiriya, Ladislaus Loidl, ya tare su da bindiga, ya kai shi asibiti, inda aka yanke masa ƙafar dama daga ƙasan gwiwa. A sansanin fursunoni wani ɗan Kanada ya ƙera masa ƙafar roba ta wucin gadi, da ita ya koma koyon jifa. Ranar 4 ga Agusta, 1945, Washington Senators ta saka shi gaban Boston Red Sox, a lokacin da tashoshi uku ke cike da 'yan hamayya. Ya fitar da mutumin farko, ya yi zagaye biyar da ɗoriya, maki ɗaya kawai aka ci shi. Wannan ne wasansa na farko kuma na ƙarshe, domin yaƙi na ƙarewa tsofaffin 'yan wasa suka dawo. Daga baya aka gano likitan nan yana raye, a 1993 Shepard ya tafi Ostiriya ya yi masa godiya ido da ido.

A shekarar 1945 ɗin dai, lokacin da yaƙi ya kwashe 'yan wasa da yawa, Pete Gray, wanda ya rasa hannun dama tun yana yaro, ya buga wa St. Louis Browns wasa 77, ya yi bugu 51 da hannu ɗaya.

'Yan babbar gasa biyu ne suka mutu a fagen Yaƙin Duniya na Biyu, kuma dukansu daga wannan rukuni suke. Elmer Gedeon ya buga wa Washington wasa biyar a 1939, aka harbo jirginsa a Faransa a watan Afrilun 1944. Harry O'Neill ya yi wa Philadelphia Athletics wasa ɗaya a 1939 ba tare da ya tsaya bugu ba, aka kashe shi a tsibirin Iwo Jima a watan Maris na 1945.

Ƙofar da aka rufe, da wanda ya zo daga Afirka

Wasu ba rauni ko rashin sa'a ne ya gajarta zamansu ba, launin fata ne. An fi sanin Jackie Robinson, baƙar fatan da ya buɗe ƙofar babbar gasa a 1947, amma shekara 63 kafin shi akwai Moses Fleetwood Walker, baƙar fata ɗan jihar Ohio, wanda ya buga wa Toledo wasa 42 a 1884 a matsayin mai cafe ƙwallo a bayan mai bugu. Babban mai jifan ƙungiyar, Tony Mullane, ya faɗa da bakinsa daga baya cewa ba ya bin alamun da Walker ke ba shi saboda launinsa, abin da ke sa mai cafewa cikin hatsarin karaya a kowane jifa. Ƙanensa Weldy ya buga wasa biyar a wannan kakar. Bayan su aka toshe ƙofa. Walker ya zama ɗan kasuwa mai ƙirƙire-ƙirƙire, a 1908 kuma ya wallafa ɗan littafi mai suna Our Home Colony, inda ya ba baƙaƙen Amurka shawarar komawa Afirka saboda ya yanke ƙauna daga samun adalci a can. Masu bincike ma sun gano wani da ya riga shi: William Edward White, ɗalibin Jami'ar Brown, wanda aka haifa a jihar Georgia, uwarsa baiwa, ya buga wa Providence wasa ɗaya ranar 21 ga Yuni, 1879.

Sai a 2017 aka samu ɗan wasa na farko da aka haifa a doron nahiyar Afirka. Gift Ngoepe, ɗan Afirka ta Kudu, ya tashi ne a wani ɗan ɗaki da ke manne da ginin ƙungiyar Randburg Mets a gefen Johannesburg, inda mahaifiyarsa ke aikin shara da girki. Filin wasa shi ne tsakar gidansu. Pittsburgh Pirates ta ɗauke shi a 2008, ya kusa shekara tara a ƙananan matakai, mahaifiyar ta mutu a 2013 ba ta ga ranar ba. Ranar 26 ga Afrilu, 2017, ya tsaya gaban Jon Lester na Chicago Cubs, zakarun shekarar da ta gabata, ya buge ƙwallo ya kai tasha a tsayuwarsa ta farko. A gida dare ya riga ya raba, an shiga 27 ga Afrilu, wato Ranar 'Yanci ta Afirka ta Kudu. Duka-duka wasa 41 ya buga, 28 a Pittsburgh, 13 a Toronto a 2018. Adadin ba shi da yawa, amma duk yaron Afirka da ya ɗauki gora bayansa ya san cewa hanyar tana ɓullewa.

Shekara shida cif bayan haka, a rana irin wannan, 26 ga Afrilu, 2023, a ƙungiyar Pirates ɗin dai, aka tura Drew Maggi bugu yana da shekara 33, bayan kaka 13 da wasa sama da 1,100 a ƙananan ƙungiyoyi. A 2021 Minnesota Twins ta taɓa kiran sa sama, ya zauna a benci kwana biyu ba a saka shi ba. Wannan karon 'yan kallo suka miƙe suna kiran sunansa. An fitar da shi a ranar, amma a cikin wasa ukun da ya samu ya yi bugu biyu. Mahaƙurci mawadaci. John Lindsey ma haka: shekara 16 yana jira, da Los Angeles Dodgers ta kira shi a 2010, ranar farko aka shelanta sunansa, abokan hamayya suka canza mai jifa, kocinsa shi ma ya canza shi kafin ya taka wurin bugu. Ya samu wasa 11 da bugu ɗaya, sannan jifa ya karya masa hannu.

Jim Morris malamin kimiyya ne kuma kocin ɗalibai a garin Big Lake na jihar Texas, ya daɗe da barin wasa saboda ciwon hannu. Ya yi wa yaransa alkawari cewa in suka ci kofin yankinsu zai je gwaji. Suka ci, ya cika alkawari, na'ura ta nuna jifansa na gudun kusan kilomita 158 a awa. Ranar 18 ga Satumba, 1999, yana da shekara 35, ya fito wa Tampa Bay ya fitar da Royce Clayton na Texas Rangers. Wasa 21 ya yi kafin hannun ya sake tashi. Fim ɗin The Rookie na 2002 labarinsa ne.

Akwai kuma waɗanda suka haska na ɗan lokaci kawai. Ron Necciai ya yi abin da babu wanda ya taɓa yi a wasan ƙwararru mai zagaye tara: ranar 13 ga Mayu, 1952, a ƙaramar ƙungiyar Bristol, yana da shekara 19, ya fitar da mutum 27 da jifa uku-uku. A watan Agusta Pittsburgh ta ɗauko shi, ya ci wasa ɗaya aka ci shi shida, gyambon ciki da ciwon kafaɗa suka ƙarasa shi. Bobo Holloman, a karon farko da aka ba shi ya fara wasa, ranar 6 ga Mayu, 1953, ya hana Athletics bugu mai kyau ko ɗaya daga farko har ƙarshe. Kafin ƙarshen Yuli an mayar da shi ƙasa, bai kuma dawo ba.

Wasu kuma gajeren zaman ne ya tura su inda rabonsu yake. Walter Alston ya tsaya bugu sau ɗaya wa St. Louis Cardinals ranar 27 ga Satumba, 1936, aka fitar da shi. Ya koma horarwa, ya riƙe Dodgers kaka 23 daga 1954 zuwa 1976, kowace shekara da kwantiragin shekara ɗaya, ya ci wasa 2,040 da kofin duniya huɗu. George Halas ya buga wa New York Yankees wasa 12 a 1919, ya koma ƙwallon Amurka ta zari-ruga, ya zama uban ƙungiyar Chicago Bears kuma ɗaya daga cikin waɗanda suka kafa gasar NFL.

Kwana 43

Sai batun kuɗi, wanda shi ya fi tsaya mini a rai. A 2024 mafi ƙarancin albashi a babbar gasa dala 740,000 ne a shekara, ana biyan mutum gwargwadon kwanakin da ya yi a jerin 'yan wasa. A matakin da ke bi masa kai tsaye kuwa, kafin 2023 mafi ƙarancin albashin shekara dala 17,500 ne. Sai da 'yan ƙananan ƙungiyoyi suka shiga ƙungiyar ƙwadago suka ƙulla yarjejeniyarsu ta farko aka ɗaga shi zuwa 35,800. Ke nan kwana goma a sama sun fi kaka guda a ƙasa, kuma wannan ne ya sa kiran waya ɗaya ke sa magidanci kuka.

Tun daga 1980, kwana 43 a jerin 'yan wasan babbar ƙungiya sun isa mutum ya shiga tsarin fansho, rana ɗaya kuma ta buɗe masa ƙofar inshorar lafiya ta 'yan wasa. Kafin nan shekaru ake ƙirgawa, da farko biyar, daga baya huɗu. Ko Satchel Paige, wanda wariyar launin fata ta hana shi shigowa sai yana da shekara 42, sai da Atlanta Braves ta ɗauke shi a 1968 yana da shekara 62 don ya cike kwana 158 da suka rage masa. Da aka sassauta dokar a 1980, ba a waiwayi na baya ba. Mutum sama da 800 da suka yi wasa tsakanin 1947 da 1979 ba su cika shekara huɗu ba aka bar su hannu rabbana, alhali wanda ya zo bayansu da kaka ɗaya ya yi wata ɗaya da rabi yana da fansho har ƙarshen rayuwarsa.

Sai a 2011 aka amince a riƙa ba su dala 625 a kan kowane kwana 43 da suka yi, kada ya wuce 10,000 a shekara, kuma da zarar mutum ya mutu an yanke, matarsa ba za ta gaji ko sisi ba. Gasar da ke samun sama da dala biliyan 10 a shekara tana da halin ba waɗannan tsofaffi cikakken fansho irin na kowa, ga shi kuma kowace shekara adadinsu raguwa yake yi. Wannan ba adalci ba ne, kuma ya kamata shugabannin gasar da ƙungiyar 'yan wasa su gyara tun mutanen suna raye.